Dutsen Agadas da Tulunan Bura: Wa Ke da Su a Gaban Shari'a?

Ranar 16 ga watan Yuli na shekarar 2025, a birnin New York na ƙasar Amurka, gidan gwanjo na Sotheby's ya sayar da wani dutse mai nauyin kilo 24 da ƴan kai a kan dalar Amurka miliyan 5 da dubu 300, idan an haɗa da la'adar gidan, watau kusan miliyar 3 na kuɗin sefa. Dutsen nan ɓantare ne daga duniyar Mars, kuma shi ne mafi girma daga cikin irinsa da aka taɓa samu a doron ƙasa. A cikin hamadar jihar Agadas aka tsince shi, a watan Nuwamba na 2023. Ba a faɗi sunan wanda ya tsince shi ba, haka nan wanda ya kai shi gwanjo da wanda ya saye shi duk an ɓoye sunayensu. Ko sunan da masana suka raɗa masa, NWA 16788, bai ambaci Nijar ba, domin haruffan nan uku suna nufin arewa maso yammacin Afirka ne kawai, yanki mai faɗin da ya haɗa ƙasashe da dama.

Gwamnati ta ba da umarnin a yi bincike a kan yadda dutsen ya fita, sannan a watan Agusta na shekarar 2025 ta dakatar da fitar da duwatsu masu daraja da duwatsun da suka faɗo daga sama. Gidan gwanjon kuwa ya ce an fitar da dutsen daga Nijar bisa ƙa'idojin ƙasa da ƙasa, kuma da takardunsa. Abin lura a nan shi ne, babu wanda ya yi gardama a kan ko dutsen na gaske ne. An yanki ɗan ƙanƙane daga jikinsa, an aika birnin Shanghai na ƙasar Sin, masana suka auna, suka tabbatar daga Mars yake. An baje shi a ƙasar Italiya, a Roma da kuma wani gidan baje kaya na garin Arezzo, kafin ya haye zuwa Amurka. Saboda haka batun ingancinsa ya sami shaidu da takardu iya wuya. Batun da ya rage shi ne mai wuyar: wa yake da ikon sayar da shi tun farko, kuma wane ofishi ne ya yarda ya ƙetare iyaka?

Wannan ba shi ne karo na farko da ƙasar Nijar ta sami kanta cikin irin wannan hali ba, kuma duk mai son gane zancen dutsen Agadas sai ya waiwayi abin da ya sami Bura. Bura wuri ne a yankin Tera, cikin jihar Tilaberi, a gefen yamma na kogin Kwara. A shekarar 1975 aka yi karo da wurin ba tare da an je nema ba. A 1983 Bube Gado, masanin tarihin ƙarƙashin ƙasa na cibiyar bincike ta IRSH da ke Yamai, ya jagoranci haƙa a wurin da ake kira Asinda-Sikka. A fili ɗan ƙarami, wanda bai wuce mita 25 a tsawo da 20 a faɗi ba, aka sami tuluna 630 na gasasshen yumɓu, a kife, suna jere kusa da juna bisa kaburbura. Wasu dogaye ne, wasu masu kumburin ciki, da yawa daga cikinsu kuma an ɗora musu kan mutum ko mahayin doki. Awo ya nuna mutanen da suka yi su sun rayu tsakanin ƙarni na 3 da ƙarni na 13 na Miladiyya. Watau tun kafin daular Songai ta yi ƙarfi akwai al'umma a gaɓar kogin nan da ta san doki da linzami, ta san ƙarfe, tana kuma girmama matattunta da aikin hannu mai kyau.

A 1993 aka buɗe wani babban baje koli a birnin Faris a kan tarihin kwarin kogin Kwara, aka kai kayan Bura, daga baya kuma baje kolin ya zagaya ƙasashen Afirka ta Yamma. Niyyar ta alheri ce, amma abin da ya biyo baya ɓarna ce. Masu tara kayan tarihi a Turai sun ga abin da ba su taɓa gani ba, suka fara tambaya, dillalai suka ji. A watan Janairu na 1994 aka karya darajar kuɗin sefa da rabi, rayuwa ta yi tsada, kayan ƙasar kuma suka yi araha ga mai kuɗin waje. Sai mutanen ƙauyuka, waɗanda rani ya bari ba aikin yi, suka ɗauki diga da shebur. Cikin ƴan shekaru aka tone mafi yawan wuraren da aka sani. Mai haƙa ba ruwansa da tulu, kan yake nema, sai ya fasa tulun ya cire kan, ya watsar da ƙasusuwa da duwatsun ado da kibiyoyi. A shekarar 2000, da majalisar gidajen tarihi ta duniya, ICOM, ta fitar da jerin kayan Afirka da suka fi fuskantar wawushewa, kayan Bura suna ciki, tare da na Nok da Ife na Najeriya da na Jenne ta Mali. A watan Janairu na 2005 ƴan duwan na Faransa suka kama kaya fiye da 800 a filin jirgin sama na Faris, sun fito daga Nijar za su Beljiyam, har da haƙoran dabbobin zamanin da da kan kibiyoyi na dutse da kayan yumɓu. Wannan kaya ɗaya ne da aka yi sa'ar buɗewa.

Asarar da aka yi a Bura ta fi ƙarfin a ƙiyasta ta da kuɗi. Kan yumɓu da aka ciro daga raminsa ba tare da an rubuta zurfinsa da abin da ke kewaye da shi ba, ya zama kamar shafi ɗaya da aka yage daga littafi, aka ƙone sauran. Ko da ya dawo gida wata rana, ba zai iya faɗar wanda aka binne a ƙarƙashinsa ba.

A nan ne zancen tantance inganci yake shigowa, kuma ya kamata mai karatu ya san yadda ake yinsa, domin a kansa ne kasuwar take tsaye. Yumɓu yana ɗauke da ƙananan ƙwayoyin ma'adini da suke tara wani irin ƙarfi sannu a hankali daga ƙasar da suke ciki. Ranar da mai ginin tukwane ya gasa tukunyarsa, wuta takan kore duk abin da aka tara, lissafi ya koma farko. Idan bayan shekaru ɗaruruwa aka huda tukunyar aka ɗebi ɗan gari, aka zafafa shi a ɗakin awo, sai ya fitar da ɗan haske, kuma yawan hasken shi ke nuna daɗewar gashin. Awon ba ya faɗar shekara daidai, yakan ce tsakanin kaza da kaza, amma ya isa ya raba aikin bara da aikin shekara dubu. Dillali yakan biya a yi masa wannan awo, a ba shi takarda mai hatimi, da wannan takarda kuma kan yumɓun da aka saya a ƙauye a kan ƴan jikkuna sai ya koma abin miliyoyi. Ganin haka ne a farkon shekarun 1990 ɗakin awo na jami'ar Oksford a Ingila ya daina karɓar kayan yumɓun Afirka ta Yamma da ba a san yadda aka haƙo su ba, domin masanan sun lura takardarsu ta zama abin da ke ƙara wa masu wawushewa ƙarfi. Amma wasu ɗakunan awo na ƴan kasuwa suka ci gaba da aikin.

Takardar ma ba ta tsira daga zamba ba. A watan Nuwamba na 1991 gidan Sotheby's ya sayar da wani rago na yumɓu daga Mali a kan dalar Amurka dubu 275, da shaidar awo cewa ya shekara ɗaruruwa. Daga baya bincike ya nuna wani gwanin magini ne a Mali ya gina mafi yawan jikinsa, ya ɗora a kan ƴan gutsattsari na gaske, kuma daga waɗannan gutsattsari ne aka ɗebi garin awo. Wasu kuma sukan niƙa tsofaffin sakaina su kwaɓa da danƙo su gina sabon abu, awo ya ce tsoho ne. Don haka yanzu sai an haɗa da hoton da ke ratsa cikin kaya, irin wanda ake yi wa majiyyaci a asibiti, kafin a ga wuraren haɗi.

Sai dai ko da awo ya yi daidai ɗari bisa ɗari, abu ɗaya yake faɗa: kayan nan tsoho ne. Ba ya faɗar wanda ya tono shi, da izinin wa, ko hanyar da ya bi ya fita. A kasuwar dabbobi ta Maraɗi ko ta Tawa kowa ya san bambancin. Wanda ya duba haƙoran sa ya ce shekararsa huɗu, bai ce sa ɗin ba na sata ba ne. Wannan aikin dillali ne da shaidun da suka san garken da ya fito. A game da kayan da aka binne, lamarin ma ya fi haka, domin shaidar inganci kan zama shaidar laifi. Idan awo ya tabbatar kan yumɓu na Bura ne na gaske, alhali ba a san Bura ba sai 1975, kuma ba a taɓa jin hukuma ta sayar da abin da masana suka haƙo ba, to, mai riƙe da shi a Faris ko Buruksel sai ya yi bayanin inda ya samo shi.

Dokar da Nijar ke dogara da ita a nan ita ce doka mai lamba 97-022 ta ranar 30 ga Yuni 1997, wadda ta shafi karewa da adanawa da raya kayan gadon al'adu na ƙasa, da kuma dokar zartarwa da ta biyo ta a watan Nuwamba na wannan shekara. Ta ɗora kayan tarihi da ke ƙarƙashin ƙasa a hannun gwamnati, ta hana haƙa ba da izini ba, ta wajabta wa wanda ya yi karo da wani abu ya sanar da hukuma, ta kuma sa fitar da irin waɗannan kaya ƙarƙashin izini. A cikin jerin abubuwan da ta kare akwai samfuran ma'adinai da ba a cika samun irinsu ba, amma ba ta ambaci duwatsun sama da sunansu ba, kuma ta wannan ƴar kafa ce lauyoyin masu saye za su nemi shiga idan zancen dutsen Agadas ya kai gaban alƙali.

Dole a faɗi gaskiya cewa dokar nan ta saɓa da abin da jama'a suka tashi suka tarar. A al'ada, abin da mutum ya tsinta yakan yi cigiya, idan mai shi bai fito ba ya zama nasa. A fikihun da malamai ke karantarwa a zauruka, dukiyar mutanen da da aka samu binne sunanta rikazi, ana fitar da kashi ɗaya cikin biyar, sauran ya zama na wanda ya samu ko na mai ƙasar. Dokar farar hula ta Faransa ma raba taska take yi biyu tsakanin wanda ya gano da mai fili. Manomin da garmarsa ta tono tulu a gonar ubansa, ko makiyayin da ya ga baƙin dutse a kan rairayi, bai ɗauki kansa ɓarawo ba, kuma ba a yi masa adalci ba idan aka kira shi haka kafin a sanar da shi. Dokar 1997 da Faransanci aka rubuta ta. Sai a tambaya sau nawa aka karanta ta da Hausa ko Zabarmanci ko Tamashek a rediyo, ko a azuzuwan yaƙi da jahilci, ko a fadar hakimi ranar kasuwa. Hujjar dokar mai ƙarfi ce, domin tulun Bura ba zinariya ba ne da za a narke a raba, shaida ce ta tarihin kowa da kowa, har da waɗanda ba a haifa ba. Amma hujjar da ba ta kai kunnen mai garma ba, ba ta hana shi karɓar kuɗin dillali.

Idan kaya ya riga ya ƙetare iyaka, sai shari'a ta koma ta ƙasar da ya sauka, kuma a nan ne ake shan wuya. Akwai yarjejeniyar Unesko ta 1970 a kan hana fataucin kayan al'adu ta haramtacciyar hanya. Nijar na cikin ƙasashen farko da suka shige ta, tun 1972. Ƙasashen da ke da manyan kasuwanni kuwa sun ja ƙafa: Amurka sai 1983, Faransa 1997, Ingila 2002, Suwizalan 2003, Beljiyam 2009. Yarjejeniyar ba ta komawa baya, watau ba ta aiki a kan abin da ya fita kafin ƙasashen biyu su shige ta. Sashenta na 7, wanda ya yi maganar mayar da kaya, ya tsaya ne a kan abin da aka sace daga gidan tarihi ko wurin ibada ko makamancinsu, da sharaɗin kayan yana rubuce a cikin rajistar wurin, kuma ƙasar da ke neman kayanta za ta biya diyya ga wanda ya saya bai san na sata ba ne. To, abin da aka tono da dare daga rami ba shi cikin rajistar kowa, domin kafin a tono shi ba wanda ya san da shi.

A Faransa da wasu ƙasashen Turai, doka tana cewa wanda ke riƙe da kaya mai motsi da kyakkyawar niyya shi ne mai shi, kuma wanda aka yi wa sata shekara 3 kawai yake da ita ya biyo kayansa. Najeriya ta ɗanɗana wannan. Ta kai ƙarar wani dillali na Faris a kan mutum-mutumin Nok, shari'a ta kai har babbar kotun Faransa a 2006, ba ta sami kayan ba. Kafin wannan, gwamnatin Faransa da kanta ta sayi mutum-mutumi uku, biyu na Nok, ɗaya na Sakkwato, daga hannun wani dillali na Beljiyam a kan faran miliyan 2 da rabi, watau sefa miliyan 250, ta baje su a gidan tarihi na Louvre a shekarar 2000. Da surutu ya yi yawa aka sasanta a 2002: Faransa ta amince kayan na Najeriya ne, Najeriya kuma ta bar mata su aro na shekara 25, da damar sabuntawa. Mai kaya ya sami takarda, mai saye ya ci gaba da riƙe kaya.

Amma akwai wata shari'a da ya dace jami'an ƙasar nan su nazarta da kyau. A 2002 wata kotu a New York ta ɗaure wani babban dillalin kayan tarihi wata 33 saboda kayan Masar, kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar a 2003. Abokin cinikinsa yakan shafe kayan da roba da fenti har su yi kama da tsarabar ƴan yawon buɗe ido, su wuce duwan, sannan a ƙirƙiro musu takardun ƙarya, a jiƙa su da shayi a gasa su yi kamar tsofaffi, a ce wani Bature ne ya tara kayan tun shekarun 1920. Abin da ya kayar da dillalin shi ne dokar Masar ta 1983, wadda ta ce a fili duk kayan tarihi da aka gano bayan wannan shekara mallakar ƙasa ne. Da wannan alƙalai suka ɗauki kayan a matsayin na sata. Sai dai kafin su yarda, sun duba ko Masar tana aiki da dokar a cikin gida, ko kuwa ta rubuta ta ne don baƙi kawai, suka ga tana da ƴan sandan kayan tarihi, tana kamawa, tana hukunta ƴan ƙasarta. Wannan ita ce tambayar da za a yi wa Nijar a kowace kotu ta waje, kuma amsarta tana cikin kundin gidajen shari'a na Tilaberi da Agadas da Yamai.

Iska ta ɗan juya a ƴan shekarun nan. Yarjejeniyar UNIDROIT ta 1995 ta ɗauki abin da aka haƙo ba bisa ƙa'ida ba a matsayin na sata, ta kuma ɗora wa mai saye nauyin nuna cewa ya yi bincike kafin ya biya, ko da yake manyan ƙasashen kasuwa da yawa ba su shige ta ba. Mali ta sami Amurka ta hana shigar da kayan tarihinta tun 1993, suka ƙulla cikakkiyar yarjejeniya a 1997, Najeriya kuma ta ƙulla tata a 2022. Daga ranar 28 ga Yuni 2025 ƙasashen Tarayyar Turai suna neman lasisi kafin a shigar da kayan da aka haƙo daga ƙasa idan sun wuce shekara 250, kuma mai shigowa da su ne zai nuna sun fita daga ƙasarsu ta halal. Kayan fadar Abome 26 da Faransa ta mayar wa Benin a 2021 wani babi ne daban, domin ganimar yaƙin mulkin mallaka ce da aka san ranar ɗaukarta, kuma sai da majalisar Faransa ta yi doka ta musamman. Mafi yawan abin da Nijar ta rasa ya fita ne bayan samun ƴanci, ta hannun ƴan ƙasa, ta filin jirgin sama da iyakokin da ma'aikatan ƙasa ke tsaro. Idan ɓera da sata, daddawa ma da wari.

Duk waɗannan dokoki na waje abu ɗaya suke nema, watau rubutu, kuma rubutun nan ba mai yin sa sai ƴan ƙasa. Kowane kaya da ke gidan tarihi na ƙasa na Bubu Hama, wanda aka kafa tun 1959, da gidajen tarihi na jihohi, da ɗakunan ajiya na IRSH, yana buƙatar lamba da hoto da awon tsawo da faɗi, a ajiye kwafe a wuri fiye da ɗaya. Idan aka sace abin da ke da hoto, cikin kwana ɗaya ana iya aika shi ga ƴan sandan ƙasa da ƙasa na Interpol, ya shiga kundinsu, daga nan kuma ba gidan gwanjon da zai ce bai sani ba. Abin da ba shi da hoto kuwa, ko an gan shi a kasuwa sai dai a yi ta rantsuwa.

Haka zancen yake ga kayan da ke hannun iyalai. A Damagaram da Agadas da Maraɗi da Tasawa da Birnin Ƙonni akwai tambura da takubba da sulke da sirada na gidajen sarauta, akwai kuma littattafan hannu na gidajen malamai, na Larabci da na ajami. Waɗannan suna da masu su, ba daga rami aka tono su ba, kuma ba wanda ya isa ya ƙwace su. Haɗarinsu daga cikin gida yake, ranar da wani magaji ɗaya daga cikin ashirin zai zare littafi daga gafaka ya miƙa wa baƙo. Mai saye zai ce daga hannun ɗan gida ya saya, sauran magada kuma ba su da abin da za su nuna cewa littafin na gado ne da ba a raba ba. Sashen littattafan hannu na IRSH, wanda ya samo asali daga abin da Bubu Hama ya tara, yana riƙe da dubban rubuce-rubuce, yana kuma da masu sanin aikin. Da za a tura su gida gida su ɗauki hoto su rubuta, su bar kaya a hannun masu shi, su ba su kwafen rajistar, da an toshe wannan ƙofa. Sai dai iyalai ba za su buɗe akwatunansu ba har sai an tabbatar musu a rubuce cewa rajista ba hanyar ƙwace ba ce, ba kuma hanyar haraji ba.

Maƙera da magina da masassaƙa masu yin sababbin kaya a kan tsohon salo, irin waɗanda ke aiki a harabar gidan tarihi na Yamai, sana'arsu halal ce, kuma kwafe mai kyau yana rage wa na gaske farauta. Laifi yana farawa ne a lokacin da aka binne sabon aiki a turɓaya aka shafa masa toka don a ce tsoho ne. Ɗan hatimi a ƙarƙashin kowane sabon aiki zai kare mai sana'a, ya kuma sauƙaƙa wa ɗan duwan, wanda ake sa ran ya bambance tsoho da sabo a cikin minti biyar alhali ba a taɓa koya masa ba.

Sai batun tukuici, wanda ake yawan kauce masa. Muddin wanda ya kai tsintuwarsa ga hukuma tambayoyi da tsoro kawai zai samu, wanda ya kai wa dillali kuma ya sami kuɗin buhun hatsi goma, to, an san inda kaya za su nufa, ko da an ninka hukunci sau goma. Gwamnati ba za ta iya gasa da farashin New York ba, ba a kuma nemi ta yi ba, domin mai tsintuwa ma ba farashin New York ake ba shi ba. Ɗan abin da ke isa hannunsa ƙanƙane ne ƙwarai idan an gwada da abin da ake samu a ƙarshen hanya. Tukuici bayyananne da doka ta ƙayyade, a biya shi da wuri a gaban maigari, a rubuta sunan mutumin da na ƙauyensa a jikin allon da za a kafa kusa da kayan a gidan tarihi, wannan ba zai fi ƙarfin baitulmali ba.

Dakatar da fitar da duwatsu mataki ne na wucin gadi, kuma idan ya daɗe ba tare da sabuwar ƙa'ida ba, fataucin zai koma ta hanyoyin hamada da ba su da shinge. Gyaran da dokar 1997 ke buƙata ɗan kaɗan ne: a ambaci duwatsun sama da ƙasusuwan dabbobin zamanin da, irin na Gadufawa, da sunansu, a faɗi na wa ne, a faɗi ofishi ɗaya tak da ke da ikon sa hannu a takardar fita. Game da dutsen Agadas kuwa, tun da gidan gwanjon ya ce akwai takardu, masu bincike suna da inda za su fara. A nemi kwafen takardun, a ga ranar da aka yi su, da hatimin da ke kansu, da abin da aka rubuta cewa yana cikin akwatin. Idan na jabu ne, Nijar ta sami hujjar da za ta kai kotun Amurka ko ta Italiya. Idan kuma na gaske ne, wani ma'aikaci ne ya sa hannu, kuma jama'a suna da haƙƙin a sanar da su ko doka ta ba shi wannan iko.